Firem ɗin sunan Sofiya daga wani shago a Birnin Kebbi: aikin kafinta ya fi na mai rubutu

A 'yan shekarun nan shagunan buga takardu na Birnin Kebbi sun ƙara wata sana'a a kan wadda aka san su da ita ta katin ɗaurin aure, kalandar 'yan siyasa da sitikar da ake liƙa wa kofuna da robobin rabo. Yanzu idan an yi haihuwa mutum yana iya kai musu sunan jariri, su rubuta shi da manyan haruffa, su bi shi da bayanin ma'anarsa da asalinsa, sannan su sa shi a firem mai gilashi a kai wa mai jego ta rataye a ɗaki. Wannan sharhi a kan ɗaya daga cikin waɗannan shaguna ne, wanda yake ɓangaren babbar kasuwa, kuma hukuncina a kansa ba shi da wuyar faɗa: hannunsu ya iya aiki, kuɗinsu bai wuce hankali ba, amma bayanin da suke rubutawa a ƙarƙashin suna bai cancanci ya hau bango ba sai an tace shi.

Sunan da na kai musu shi ne Sofiya. Wata abokiyar aikinmu 'yar ƙasar Zuru ce ta haihu, aka sa wa ɗiyar sunan kakarta ta wajen uba, malaman makarantarmu suka haɗa kuɗin barka, aka ɗora mini nauyin samo abin da zai daɗe fiye da sabulu da kayan jarirai. A kudancin Jihar Kebbi sunaye irin su Roda, Dokas, Helen da Sofiya ba baƙi ba ne a gidajen Kiristoci masu magana da Hausa, saboda haka shagon da ya ɗauki wannan sana'a a babban birnin jiha ya kamata ya san cewa ba sunayen Larabci kaɗai za a riƙa kawo masa ba.

Zan fara da abin da ya yi kyau, domin yana da yawa. Firem ɗin na katako ne na gaske, ba robar da ake shafa wa ruwan zinariya ta fara ɓarewa kafin a yaye yaro ba. Kafintan da ke yi musu aiki ya yanka kusurwoyi huɗun a karkace, ya haɗa su har mutum ya bi da farce bai ji gaɓa ba, ya goge katakon ya shafa masa fenti mai ruwan ƙasa wanda bai rufe zanen itacen ba. Gilashin yana da kauri, kuma an zaunar da shi daram, ba ya kaɗawa idan an girgiza firem ɗin. Abin da ya fi burge ni shi ne bayansa: sun sa falle na katako mai laushi maimakon kwali, suka bi gefensa duka da tef mai faɗi, wanda duk wanda ya san ƙurar hunturu a garin nan, da yadda take shiga tsakanin gilashi da hoto ta zauna, zai gane amfaninsa. Ƙugiyar ratayewa guda biyu ce, an ɗaure su da sukurori, ba a buga su da ƙusa ba. Takardar ma mai nauyi ce, launin madara, kuma tawadar ba ta yi ɗigo ko zirin fari ba. A wannan ɓangare ban ga abin kushewa ba.

Tsarin rubutun ma ya yi daidai da ido. Sun sa sunan da haruffan boko a sama, a ƙasansa da haruffan Girkanci, Σοφία, har da ɗan alamar da ke kan harafi na huɗu, wadda take nuna cewa a gaɓar tsakiya ake ɗaga murya, wato a ce So-FI-ya. Yaron da ke kan kwamfuta ya kwafo shi daidai. Inda ya gaza shi ne haruffan Hausa masu lanƙwasa, domin salon rubutun da ya zaɓa ba shi da su, sai ɗiya ta koma diya, ƙauna ta koma kauna. Wannan ciwo ne da ya zama ruwan dare a shagunan buga takardu, kuma gyaransa bai wuce canza salon haruffa ba, amma sai mai kaya ya lura ya yi magana.

Babbar matsalar tana cikin layuka shidan da ke bayanin sunan. Ga abin da suka nuna mini a fuskar kwamfuta kafin a buga: cewa Sofiya suna ne na Larabci da Girkanci mai ma'anar tsarkakakkiya mai hikima, cewa sunan allahiyar hikima ta Girkawa ne, cewa an gina masallacin Aya Sofiya na Turkiyya ne domin tunawa da wata sarauniya mai wannan suna, sannan aka rufe da cewa masu sunan suna da kunya da son jama'a, launin sa'arsu shuɗi ne, lambar sa'arsu bakwai. A cikin duk wannan, ban da ambaton Girkanci, kalma ɗaya ce tak gaskiya, ita ce hikima.

Da na nuna wa mai shagon layin farko, sai ya yi murmushi ya ce, "Malam, ai Sofiya da Safiya duk ɗaya na, Ɗanjuma da Ɗanjummai. Turawa ne suka lanƙwasa shi." Na san ba shi kaɗai ne yake da wannan fahimta ba, kuma kunne ne yake jawo ta, amma kama da wane ba ta wane. Safiyya suna ne na Larabci daga tushen da ke nufin tsabta, garai-garai da zaɓaɓɓen abu, tushe ɗaya da sunan Mustafa. Shi ne sunan Safiyya 'yar Abdulmuɗɗalibi, gwaggon Manzon Allah (SAW), 'yar'uwar Hamza kuma mahaifiyar Zubairu ɗan Awwam, kuma shi ne sunan Uwar Muminai Safiyya 'yar Huyayyu, wadda aka aura bayan Khaibar a shekara ta 7 bayan Hijira. Sofiya kuwa kalmar Girkanci ce tsantsa, kuma tana cikin rubuce-rubucen Girkawa ɗaruruwan shekaru kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Babu wadda aka ciro daga ɗaya. Iyayen da suka raɗa wa ɗiyarsu Safiyya suna da dalilinsu, waɗanda suka raɗa Sofiya ma suna da nasu, kuma shagon da ya haɗa ma'anonin biyu a layi ɗaya ya tauye haƙƙin kowane ɓangare.

Asalin ma'anar sunan ya fi abin da suka rubuta daɗin karantawa. A tsohon Girkanci kalmar ba ta fara da nufin zurfin tunanin malamai ba, ta fara ne da nufin gwaninta a sana'ar hannu. A waƙar Iliyad ta Homa an yi amfani da ita wajen siffanta ƙwarewar masassaƙin jirgin ruwa, wanda yake miƙe katako da igiyar awo. Da wannan tsohuwar ma'ana, kafintan da ya haɗa kusurwoyin firem ɗin nan ya fi kowa a shagon cancantar a danganta shi da sunan. Daga baya kalmar ta faɗaɗa ta haɗa da iya mulki da iya shawara, har Girkawa suka ware mutum bakwai da suke kira masu hikima, cikinsu akwai Solon mai tsara dokokin birnin Atina da Talis na Militus. Da aka zo zamanin Aflatun da almajirinsa Aristotal sai ta zama sunan mafi ɗaukakar ilimi, wato sanin asalin abubuwa da dalilansu, har Aristotal ya bambanta ta da basirar tafiyar da al'amuran yau da kullum, wadda ya ba wa wani suna dabam.

A nan ne sunan ya taɓo harshenmu ba tare da mun lura ba. Girkawa sun kira mai neman ilimi masoyin hikima, fannin nasa kuma filosofiya, wato son hikima. A zamanin Abbasiyawa, musamman lokacin Halifa Ma'amun wanda ya yi mulki daga 813 zuwa 833, masu fassara a Bagadaza irin su Hunainu ɗan Ishaƙa sun juya littattafan Girkawa zuwa Larabci, kalmar ta zama falsafa, mai yin ta failasufi, kuma da wannan laƙabi aka san Alkindi. Daga Larabci ta iso Hausa. Saboda haka duk ɗalibin da ya ce yana karanta falsafa a jami'a, rabin kalmar da ya furta sunan wannan jaririya ne. Da shagon yana neman alaƙar sunan da Larabci, wannan ce alaƙar gaskiya, kuma ta fi wadda suka ƙirƙira kyau. A gefe guda, Albiruni ya taɓa kawo ra'ayin cewa kalmar sufi ma daga nan take, amma galibin malamai sun tafi a kan cewa daga sufu ne, wato tufafin ulu da masu gudun duniya suke sawa.

Layi na biyu, na allahiya, shi ne wanda zai fi ɓata wa iyaye rai, Musulmi ne ko Kirista, domin babu mai son a rataye masa a ɗaki cewa ya sa wa ɗiyarsa sunan gunki. Kuma ba gaskiya ba ne. Wadda tsoffin Girkawa suke danganta wa hikima a cikin allolinsu ita ce Atina, wadda babban birninsu yake ɗauke da sunanta. Sofiya ba ta cikin jerin allolin Dutsen Olimfus, inda tsoffin Girkawa suke cewa manyan allolinsu suna zaune. Abin da ya faru shi ne marubuta sun riƙa siffanta hikima da mace a matsayin salon magana, kamar yadda littafin Karin Magana na Littafi Mai Tsarki ya nuna ta tana kira a tituna, kuma da aka fassara shi zuwa Girkanci da wannan kalma aka fassara ta. Wasu ƙungiyoyin addini na ƙarni na 2 sun ba ta matsayi na musamman a aƙidarsu, amma coci ta yi watsi da su tun da wuri. Yaɗuwar sunan a matsayin sunan 'ya'ya mata ta hanyar Kiristanci ta zo.

Ruwayar da cocin Otodoks take riƙe da ita ita ce ta wata gwauruwa mai suna Sofiya da ta rayu a Rum zamanin Sarki Hadiriyan, wanda ya yi mulki daga 117 zuwa 138. Tana da 'ya'ya mata uku masu sunayen da ke nufin Bangaskiya, Bege da Ƙauna, aka kashe su saboda sun ƙi barin addininsu, ita kuma ta rasu a bakin kabarinsu bayan kwana uku. Masana tarihi suna ɗaukar labarin a matsayin ruwayar ibada fiye da tabbataccen tarihi, amma tasirinsa a rayuwar Girkawa a bayyane yake, domin ranar 17 ga Satumba ce ranar tunawa da su, kuma a ranar duk wata Sofiya a Girka take bikin sunanta. Wannan al'ada ta ranar suna tana da nauyi a wurinsu, a wajen tsofaffi ma ta fi ranar haihuwa: 'yan'uwa da abokai su zo gida ko su buga waya, mai sunan ce take raba kayan zaƙi, gaisuwar da ake yi mata kuma fatan shekaru masu yawa ne, abin da mu za mu ce Allah ya ja kwana.

Wani abu da na so a ce ya shiga firem ɗin, domin ya dace da wannan jaririya ƙwarai, shi ne al'adar Girkawa ta mayar da sunan kakanni. A mafi yawan yankunansu ɗan fari yana cin sunan kakansa na wajen uba, 'yar fari kuma sunan kakarta, na biye su ɗauki na dangin uwa, kuma wannan ne ya sa ake samun 'ya'yan wa da ƙane da yawa masu suna ɗaya a gida guda. Bahaushe ba ya bukatar a yi masa dogon bayani a kan wannan, tunda mu ma muna mayar da sunan iyaye, har mu ɓoye shi da Ummi ko Mama ko Hajiya saboda kunya. Inda muka rabu shi ne lokaci. Mu ranar bakwai ake raɗa suna a yanka rago, su kuwa sai a wajen baftisma sunan yake tabbata, wadda takan kai watanni bayan haihuwa, kuma uban baftisma ko uwar baftisma ne yake furta shi a gaban limamin coci. Kafin ranar, a gidaje da yawa jaririya kawai ake kiran yarinyar. Idan ta girma kuma a gida a ce mata Sofi ko Sofula, kamar yadda Rashawa suke cewa Sonya.

Layi na uku ya fi sauƙin gyarawa, domin tarihin ginin sananne ne. Sarki Jastiniyan na daular Rumawa ta Gabas ne ya gina Aya Sofiya a matsayin coci a Ƙustanɗiniyya, wato Istanbul ta yau, bayan an ƙone cocin da ke wurin a tarzomar shekarar 532, aka buɗe ta a watan Disamba na 537. Masu tsara ginin su ne Antemiyus na Taralis da Isidoru na Militus. Ba don wata sarauniya aka gina ta ba, ba ma don waccan gwauruwa ta Rum ba. Ma'anar sunan ita ce Hikima Mai Tsarki, wato hikimar Allah kamar yadda tauhidin Kirista ya fahimce ta. Matar Jastiniyan sunanta Tiyodora. Sarauniya mai suna Sofiya ta zo ne bayansa, matar magajinsa Jastin na Biyu, lokacin ginin ya riga ya shekara kusan talatin a tsaye. Sarkin Usmaniyya Muhammadu Alfatih ya mayar da ita masallaci da ya ci birnin a 1453, gwamnatin Ataturk ta mayar da ita gidan tarihi da dokar 1934, sannan aka sake buɗe ta ga salla a watan Yuli na 2020. Haka kuma babban birnin Bulgeriya, wanda a da ake kira Sardika, ya samo sunansa Sofiya daga wata tsohuwar coci mai wannan suna da ke cikinsa.

Idan matan gidan sarauta masu wannan suna suke so su ambata, akwai su da yawa na gaskiya. Akwai Sofiya 'yar gidan sarautar Rumawa ta ƙarshe da ta auri Iban na Uku, mai mulkin Mosko, a 1472. Akwai Sofiya ta Hanoba a ƙasar Jamus, wadda dokar Ingila ta 1701 ta sa gadon sarauta a zuriyarta, ɗanta Joji na Ɗaya ya hau karaga a 1714. Akwai kuma Sarauniya Sofiya ta Sifen, wadda aka haifa a Girka a 1938. A wannan zamani ma sunan bai tsufa ba, domin shi ne ya zo na ɗaya a sunayen jarirai mata a Amurka daga 2011 zuwa 2013.

Batun launin sa'a da lambar sa'a ba ya bukatar muhawara. Ba shi da tushe a Girkanci, ba shi da tushe a addinin mai shagon ko na mai jego, kuma daga shafukan intanet masu tara sunaye yaron ya kwaso shi, kamar yadda shi da kansa ya faɗa ba tare da ɓoyewa ba. A nan ne ainihin raunin sana'ar yake. Shagon yana karɓar kuɗin bincike a cikin kuɗin aiki, alhali binciken bai wuce rubuta suna a waya da kwafe abin da ya fara fitowa ba.

Dole in yaba wa mai shagon a kan yadda ya karɓi gyara. Bai yi gardama mai tsawo ba, ya jawo mini kujera kusa da kwamfuta, ya ce wa yaron, "Rubuta abin da Malam ya ce, kuma ka aje shi, wani na iya kawo sunan gobe." Muka rage bayanin zuwa layi huɗu: cewa sunan Girkanci ne mai ma'anar hikima, cewa daga gare shi kalmar falsafa ta samo rabinta, cewa Girkawa suna bikinsa ranar 17 ga Satumba, da cewa yarinyar ta gaje shi daga kakarta kamar yadda al'adarsu da tamu ta tanada. Aka canza salon haruffa, lanƙwasar Hausa ta dawo. Bai ƙara ko sisi a kan wannan gyara ba, domin ba a riga an buga ba.

Kuɗin firem mai girman babbar takardar ofis ya yi kusa da na turmin atamfa mai matsakaiciyar daraja, kuma mafi yawansa a katako da gilashi ya tafi, saboda haka ban ga tsada ba. Akwai ƙarami mai araha da firem ɗin roba, wanda ba na ba da shawarar a saya. Alkawarin lokaci bai cika daidai ba, an ƙara mini yini a kan abin da aka ce, aka ɗora laifin a kan rashin wuta da tsadar man janareta, don haka wanda yake son kayansa ranar suna ya kai aiki da zarar an san sunan da za a raɗa. Ba sa kai kaya gida, amma suna naɗe firem ɗin da kwali da tsohuwar jarida yadda zai jure tafiyar mota zuwa Zuru ko Yawuri.

Na duba wasu samfuran da suka jera a bango, na ga matsalar ba ta tsaya a kan Sofiya ba. Sunayen Larabci irin su A'isha da Khadija sun fito da sauƙi, saboda mai shagon ya san su tun daga makarantar allo. Na Girkanci ne suke tuntuɓe a kansu. An rubuta Dokas a matsayin sunan Ibrananci, alhali Girkanci ne mai ma'anar barewa, kuma shi ne fassarar Tabita na Aramiyanci kamar yadda ya zo a sura ta 9 ta Ayyukan Manzanni a Littafi Mai Tsarki. Roda, wanda yake nufin furen wardi, an bar shi da ma'anar mai albarka, wadda ga alama ita ce suke liƙa wa duk sunan da suka rasa bayaninsa. Wanda zai kai musu irin waɗannan sunaye ya tafi da bayaninsa a rubuce daga limaminsa, fastonsa ko malamin da ya san harshen, ya kuma nemi a fitar masa da gwaji a farar takarda ya karanta a tsanake kafin a buga na ainihi, domin da zarar an rufe bayan firem da tef, sake bugawa da kuɗinsa ne.